Muryar Ɗan Fari a Zaren Rikoda

Rikodan ya shigo gidanmu na unguwar Kurayyat a Jidda, a kafaɗar yayana. Ina yarinya a lokacin, ban daɗe da shiga makaranta ba. Shi kuwa ya fara aiki a shagon wani mai sayar da tayoyi, kuma abu na farko da ya saya wa kansa ke nan, a kasuwar gwanjo. Akwati ne mai nauyi, ruwan toka, da mariƙi a sama kamar jakar tafiya. In aka cire murfin sai ka ga sanduna biyu da ake ɗora faifai a kansu, faifai ɗaya cike da zare mai ruwan ƙasa, ɗayan babu komai. Larabawa musajjil suke ce masa. Mu rikoda muke cewa.

Ba kowa ke iya kunna shi ba. Wutarsa ba irin ta gidanmu ba ce, sai an haɗa shi da wani ƙaramin akwatin ƙarfe mai gurnani. Sai a jira ya ɗumama, har ɗaki ya ɗauki warin ƙura mai zafi. Sannan a kamo bakin zaren da yatsa biyu, a bi da shi ta wani siririn lungu tsakanin ƙarafa, a naɗa a wancan faifan, a juya da hannu har ya kama. In ka kuskure lungun, faifai zai yi ta juyawa ba ka jin komai. In ka saki da wuri, zare ya zubo ƙasa ya cukurkuɗe. Yaya bai yarda kowa ya taɓa ba. Ni kaɗai ya koya wa, wai yatsuna ƙanana ne kuma ba ni da gaggawa.

Akwai makunni na gudu a gefe. In aka sa shi a hankali, zare yana daɗewa amma murya tana dushewa. In aka sa da sauri, yana cin zare, amma mutum yana fitowa gaba ɗayansa. Yaya kullum da sauri yake ɗauka. Kana jin numfashin da mutum ke ja kafin ya yi magana, kana jin ya haɗiyi miyau, kana jin an ajiye kofin shayi a kan faranti can baya. Ban sake jin wani abu da ya riƙe murya haka ba.

Yaya shi ne ɗan fari. Innarmu daga Damagaram ta zo, da goyonsa ta sauka a ƙasar nan, kuma ta zo da kunyarsa ba ta rage komai ba. Ba ta taɓa faɗin sunansa ba. Wancan take cewa, ko yayanku. Ba ta zama kusa da shi, ba ta kallonsa in da mutane, in tana da magana da shi ta bakina take bi, ko da yana tsaye a gabanta. A Jidda kuwa mace da sunan babban ɗanta ake kiranta, Ummu wane. Maƙwabtanmu Larabawa sun yi ta kiranta haka tana yin kamar ba da ita ake ba, har suka ɗauka kunnenta ne ba ya ji sosai.

Yaya ya mai da abin wasa. Ranar wata ƙaramar Sallah, Baba yana da rai tukuna, ya ɗora sabon faifai ya riƙa zagaya tsakar gida da makirfo.

“Jama'a, nan gidan rediyon Kurayyat,” in ji shi. “Ga mu gaban Alhaji mai gida, yana kan kwano na biyu. Alhaji, me za ka ce wa masu sauraro?”

Baba ya ce, “Tashi ka ba ni wuri, ɗan banza.”

Ya bi baƙi ɗaya bayan ɗaya, ya sa ni na yi karatun da aka koya mana a makaranta. Can tsakiyar zaren ya isa inda Inna ke girki.

“Hajiya, duniya tana sauraronki. Me za ki ce wa babban ɗanki?”

Sai ƙarar ludayi a bakin tukunya. Sannan muryarta, da ni take: “Ke, ki ce wa wancan ya janye igiyarsa kada ta faɗa mini a miya.”

Ya yi dariya mai tsawo, har ya sarƙe. “Kun dai ji,” ya ce. “Ta ce duk cikin 'ya'yanta ni ta fi so. Fassarar ke nan.”

Da kaset ya shigo gari, aka naɗe rikodan da tsohon zani aka ɗora bisa kabad a ɗakin baya, tare da kwalin faya-fayansa. Ɗakin ba shi da na'urar sanyi. Wanda ya zauna a Jidda ya san danshin teku, yadda bango ke gumi, gishiri ya dunƙule a cikin kwalba. Shekaru suka wuce a kansa a can. Baba ya rasu. Yaya ya zama direba, ya daɗe yana fama da takardun iƙama, wato izinin zama a ƙasar, bai yi aure ba sai da furfura ta fara fito masa. Ya kama gida a unguwar Safa, aka haifa masa 'ya mace guda ɗaya. Ni na yi aure na dawo gida, na zauna da Inna.

Yarinyar ba ta gama iya magana ba ya rasu. A wurin aiki ya dafe ƙirji ya zauna, kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa.

Aka jera kujeru a titi don maza, mata suka cika cikin gida. Inna tana zaune a kusurwa da carbi, tana amsa gaisuwa. Ba ta yi kuka ba. Matan Larabawa suka yi ta satar kallonta, namu kuwa sun san dalili. Sai a lokacin muka lura ba mu da muryarsa a ko'ina. Bidiyon aurensa an ɗora kiɗa a kan maganar mutane, kana ganin bakinsa yana motsi kawai.

Wadda ta tuna da rikodan maƙwabciyarmu ce, wata dattijuwa 'yar Chadi da muke ce wa Goggo. Tana cikin baƙin waccan Sallar. Bayan an ɗauke kujerun titi, wata rana da la'asar ta ce, “Wai ina akwatin nan na marigayi, da ya riƙa cusa mana ƙarfe a baki? Yana nan?”

Na dubi Inna. Ba ta ɗago ba. Ta ce, “In baƙuwa tana so, ki sauko mata da shi.”

Ƙanena, autanmu, shi ya sauko da shi ya goge, ya ɗora a kan tebur. Ban yi zaton zai tashi ba. Ya tashi. Yatsuna suka tuna lungun da kansu. Faifai ya fara juyawa, aka ji huci, sai ga Yaya a tsakiyar ɗakin, saurayi, yana jan numfashi. Goggo ta rufe fuska da mayafi. Auta ya fita waje. Inna tana tsince adas, ƙananan waken nan na Larabawa, a tire, bayanta ga rikodan. Hannunta ya tsaya. Bai sake motsi ba har zaren ya ƙare, bakinsa yana kaɗawa fat-fat a kan faifai.

Da na zo rufewa na ga wani gari mai ruwan ƙasa a kan ƙarafan da zaren ya bi. Na ɗauka ƙurar shekaru ce. Na goge da gefen zanina.

Labari ya bazu cikin mutanenmu. Masu zuwa ta'aziyya ba su yanke ba, don akwai na Makka da na Madina, da masu zuwa Umra daga gida. Kowa ya zauna ya yi addu'a, sai ya ce an ce akwai muryar marigayi. Ba a hana baƙon ta'aziyya abin da ya roƙa. In sun zo wurin miyar nan sai su ce a mayar baya a sake, su yi dariya da hawaye. Kullum Inna tana wurinta, bayanta gare mu, da wani aiki a hannu da zai tsaya.

Kullum kuma garin yana nan. Na shimfiɗa farin ƙyalle a ƙarƙashi don in gani sosai. Ba ƙura ba ce. Tana da danƙo, tana kama yatsa. Sai wani kuka ya fara fitowa, ba daga lasifika ba, daga jikin zaren kansa in yana wucewa, siriri kamar ana jan ƙusa a kan gilashi. Da farko can ƙasa-ƙasa. Bayan haka na lura ƙarar ludayin nan ta ɓace. Na kasa kunne, na mayar baya, babu ita. Maganar tana nan, amma kamar an rufe ƙofa tsakaninmu da ita.

Auta a nan aka haife shi, Hausarsa rabi Larabci ce, kuma Abla yake ce mini kamar yadda 'yan gari ke kiran babbar ya. Ya ɗauki wani faifai daga cikin kwalin, na waƙe-waƙe, ya kai wa wani tsoho mai gyaran rediyo a unguwar Bagdadiyya. Ya dawo ya same ni a kicin, ya ja ƙofa.

“Abla, halas, ya isa haka. Kada ki sake kunnawa.”

“Me ya ce?”

“Ya ce ruɗuba ta cinye shi, danshi. Garin nan da kike gogewa, shi ne sautin. Duk kunnawa ɗaya, kina kankare shi.”

Na tambaye shi ko da magani. Ya ce tsohon yana gasa irin zaren nan da zafi kaɗan-kaɗan har ya bushe, sannan ya bi da shi sau ɗaya ya kwafe a faifan CD. Amma sai an kai masa rikodan ma, kuma aiki ya yi masa yawa, sai bayan Hajji. Bai kuma yi alkawari ba. Wani zaren yana fitowa lafiya, wani yana mannewa ya zama dunƙule.

Azumi ma bai zo ba tukuna. Na ce, “Ka ga ƙafafun Inna kuwa?”

Ya gani. Tun bayan rasuwar suka fara kumbura. Ta daina kwanciya, a zaune take barci da matasai a baya. Daga ɗaki zuwa bayi sai ta tsaya ta dafa bango. Likita ya ce zuciyar ce ta gaji.

“Na gani,” in ji shi. “Amma ita ba ta taɓa cewa a kunna ba. Wallahi ko sau ɗaya. Ko juyowa ba ta yi.”

“Ba za ta ce ba.”

“Ɗayyib, na ji. To yarinyar fa? Wannan kayan ubanta ne, ba a raba gado ba. Haƙƙin yatima ne, marainiya. In ta girma ta ce yaya muryar babana, me za ki ba ta, ƙyalle?”

Gaskiya ya faɗa.

Ya gwada wata dabara. Ya kanga wayarsa a bakin lasifika ya ɗauka, wayoyin lokacin da ba su da ƙarfi. Da ya kunna mana, sai ga wani mutum yana magana daga cikin gwangwani, da kukan zaren a kansa, da ƙarar fanka. Ya ajiye wayar kusa da Inna yana dubana. Tana ɓare tafarnuwa. Ta ci gaba da ɓarewa har aka gama, sannan ta tambaye shi ko ya ci abinci.

Na ce masa ya ba ni zuwa Juma'a. Juma'a ta zo na ce ta gaba.

Baƙi suka fara raguwa, kamar yadda suke yi. Na yi zaton abin zai tsaya da kansa. Sai Inna ta fara tuna mutane. Ta ce akwai wasu 'yan garinsu a Safa da ba su zo ba, ƙila ba su ji ba, in kira su kada su ce an ɓoye musu. Ta sa na dafa fate na aika wa wata da rabonmu da ita tun rasuwar Baba. Wadda aka aika wa abinci dole ta zo godiya, in ta zo dole ta yi ta'aziyya. In ta zauna ba ta ambaci rikodan ba, Inna takan dubi wajen teburin ta ce da ni, “Ke, rufe wannan abu da kyau, ƙura.” Baƙuwa ta tambaya mene ne. Shi ke nan.

Goggo ta gane tun kafin ni. Ta shiga kawo mata daga ko'ina, 'yan kasuwarta, masu yi mata ƙunshi. Wata rana ta shigo da wata 'yar Sudan da ba ta jin Hausa ko kalma ɗaya.

“Wannan baiwar Allah ta matsa mini sai ta ji marigayi,” in ji Goggo.

Na ce, “Goggo, a ina ta san shi?”

“Ke kuma alƙaliya ce? Ya taɓa rage mata hanya. Kunna mana, 'yar nan, kafin Magariba.”

Na kunna. Matar tana ta murmushin ladabi tana duban bango. A ranar ne faifan ya fara tsayawa. Zaren ya manne a ƙarfe, injin ya yi nishi, muryar Yaya ta ja ta yi ƙasa, ta yi kauri kamar ta wani dattijo da ban sani ba, sannan ta fizge ta koma daidai. Na sa yatsa ina taimaka wa faifan har aka wuce wurin. Dariyarsa ta rabu gida biyu, da rami a tsakiya.

Da suka tafi na tsaya na daɗe a gaban teburin. In na ce ya lalace na rufe, na san abin da na ɗauke mata, kuma ba za ta tambaya ba. In na ci gaba, na san abin da nake ɗauke wa yarinyar. Auta ya daina yi mini maganar. In ya shigo sai ya ɗaga ƙyallen ya duba, ya mayar, ya dube ni.

Ana saura kaɗan azumi matar Yaya ta kawo yarinyar ta wuni. Da jika Inna ba ta da kunya ko kaɗan. Ta ɗora ta a cinya duk da numfashinta, tana ce mata ƙawata, tana tsokanarta wai ta zo cinye mata dabino. Yarinyar ta sauka tana yawo a ɗaki, ta isa teburin, ta jawo farin ƙyallen. Ta dawo da yatsunta duk ruwan ƙasa, tana nuna wa kakarta.

Inna ta kama hannun ta duba. Ta murza garin tsakanin yatsunta, ta kai hanci.

“Ke, mene ne wannan?”

Na ce datti ne.

“Na ga kina gogewa kullum kina ɓoye ƙyallen. Datti ba ya sa mutum ɓoyo. Mene ne?”

Na faɗa mata. Na faɗi abin da tsohon Bagdadiyya ya ce, da gasawar, da bayan Hajji. Maganar gado ban faɗa ba, amma ba ta buƙaci a faɗa mata ba. Ba ta saki hannun yarinyar ba. Ta ɗauki gefen mayafinta ta goge yatsun ɗaya bayan ɗaya, a hankali, ta naɗe gefen mayafin ta ƙulle.

Ta ce, “Tun yaushe kuka sani?”

Na ce an ɗan jima.

“Kuka bar ni ina cin kayan marainiya.” Ba da faɗa ta faɗa ba. “Kira Auta. Ya zo da mota.”

Kafin ya iso na matsa kusa da ita na ce, “Inna, ni ina so in ji sau ɗaya kafin a tafi da shi. Ni ce nake so.”

Ta dube ni, ta daɗe. Na ga ta gane abin da nake miƙa mata. Bakinta ya motsa.

“A'a,” ta ce. “Na yarinya ne.”

Auta ya zo. Da ya ji ita ce ta ce, sai ya kasa ɗauka, ya tsaya yana murza makullin mota. Ta ce masa, “Yalla mana, ko sai na ɗora maka?” Na cire faifan na sa a kwalinsa, na rufe murfin, na naɗe igiyar. Ya ɗora a kafaɗa. Inna ta ce in tashe ta. Ta dafa ni har bakin ƙofar gida, inda ta daɗe ba ta kai ba, ta tsaya tana haki tana kallo yana buɗe bayan mota.

“Ba nan ba,” ta ce. “Akwai zafi a nan. Sa shi a kujera.”

Ya sa shi a kujerar gaba, ya ja masa bel. Ta tsaya har motar ta sha kwana.

Daga ranar ba ta sake tuna wani baƙo ba. Goggo ta ci gaba da zuwa ita kaɗai, su zauna su yi hirar tsadar tumatir. Azumi ya zo, likita ya hana Inna, ta yi na kwana biyu ta kasa. Na sa Auta ya koma Bagdadiyya ya roƙi tsohon ya sa namu a gaba. Tsohon ya ce ya fara gasawa, abin ba ya son gaggawa, in an matsa masa zai manne. Ban gaya mata an je ba, ita ma ba ta tambaya ba. Alhazai suna shigowa gari aka kwantar da ita a asibiti. Ta rasu kafin a hau Arfa.

Bayan Hajji tsohon ya kira Auta. Zaren bai manne ba. Farkonsa ya fito, da gidan rediyon Kurayyat da Baba da karatuna, ƙarshensa ma ya fito. Tsakiyar, inda aka fi mayarwa baya, huci ne kawai da wasu gutsattsarin kalmomi. Ya ce ya yi iya yinsa, babu abin da ya rage a wurin da za a ɗauko. Rikodan ma ya ce belinsa na ciki ya narke, ba a samun irinsa yanzu. Muka bar masa shi.

Faifan CD ɗin muka kai Safa muka ba uwar yarinyar. Ta ajiye har 'yar ta shiga makaranta ta yi wayo. Yarinyar Larabci take yi, Hausa tana tsintar kaɗan-kaɗan. Wata rana aka kawo ta wurina da faifan a jakarta, ta ce babanta yana sauri da yawa ba ta gane shi, in fassara mata. Muka zauna. Ina tsayarwa ina faɗa mata da Larabci, tana dariya a wurin kwano na biyu. Da muka zo wurin hucin ta ɗago ta dube ni, ta ce a nan fa me ya ce. Na faɗa mata duka, da abin da ya tambaya da abin da aka amsa masa. Ta ce ba ta gane me ya sa kakarta ba ta amsa masa da kanta ba. Na ce zan yi mata bayani, amma ta bari in sha ruwa tukuna.